Kada a Taɓa Fadamar Baba

Assalamu alaikum Yaya,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, da fatan kana lafiya kai da iyali. Yaya jikin Inna? Na san yanzu hunturu ya kankama, Allah ya sa tarin nan nata bai tashi ba. Ni lafiyata ƙalau a nan Fotugal, alhamdu lillahi, sai dai kewar gida.

Na zaɓi in rubuto ne maimakon in kira, don duk lokacin da na kira ka akwai mutane a kusa, kuma akwai maganar da ba na so ta shiga kunnen Inna. Ka karanta kai kaɗai.

Bari in fara da kuɗi. Jiya na turo Yuro 300 ta hannun mutumin nan namu na Wapa, gobe ko jibi za ka ga saƙo a asusunka. Ka fara cire kuɗin maganin hawan jinin Inna na wata biyu, kuma ka sayo da hannunka. Kar ka damƙa mata kuɗin, ka san halinta, rabar da shi za ta yi wa jikoki. Sai kuɗin makarantar yara, ka kai wa mamansu. Abin da ya rage a sayi gero da shinkafa da sukari tun yanzu. Muna cikin Rajab, azumi saura ƙasa da wata biyu, kuma ka san yadda kaya ke tashi in ya matso. Maganar magini a dakata tukuna. Ko sisin kwabo kar a ba Auta.

To, ga abin da ya hana ni barci kwana uku. Na ji an ce an kai mai saye ya zagaya fadamar Baba ta Kura. Wai naira miliyan huɗu ake nema a ba wani ejan, wato dillalin 'yan ƙwallo, da ya sauka a otal, ya yi alkawarin kawo Auta Turai gwajin ƙwallo. Wai kuma da Kawu ya yi magana, sai Auta ya ce ai ni ma haka na tafi. Wannan maganar ta fi komai yi min ciwo, don gaskiya ya faɗa. Haka na tafi. Amma shi yaro ne a lokacin, bai san yadda tafiyar ta ƙare ba. Kai ka sani.

Kana tsaye aka fitar da shanun huɗar Baba guda biyu zuwa kasuwa a 2019. Ejan ɗin nan ya kai mu Alƙahira mu shida, ya ajiye mu a ɗaki ɗaya, ya ce gobe motar kulob za ta zo. Ya yi layar zana. Wata huɗu na yi ina wanke kwanuka a gidan abinci kafin wani Bahaushen Sudan ya ji ina Hausa a masallaci, ya haɗa ni da wani kulob a Gadarif, can Sudan. Baba ya rasu ban mayar masa da shanunsa ba, ban kuma samu jana'izarsa ba. Har gobe in na tuna yana huɗa da fartanya a shekarunsa sai in ji abinci ya fita daga raina. Wanda maciji ya sara, ko tsumma ya gani sai ya ja baya. Ba zan yi shiru a sayar da ƙasa kuma ba.

Na san abin da ke ruɗar su. Suna jin an ce Fotugal, sai su tuna Zaidu Sanusi. Gaskiya ne, ɗan Jega ne, Bahaushe kamar mu, kuma a ƙaramin kulob ya fara a nan, Mirandela, kafin ya koma Santa Clara, Porto ta ɗauke shi a 2020. Shi ya ci ƙwallon da ta ba Porto kofi a gidan Benfica a 2022. Na taɓa buga wasa a filin Mirandela ɗin, tsofaffin garin da suka ji daga Najeriya nake sai murna suke suna kiran sunansa. Allah ya ƙara masa ɗaukaka. Amma Yaya, gasar da nake bugawa kulob 56 ne, an raba su gida huɗu, kuma kusan kowanne akwai yaran Afirka da na Brazil da suka zo da irin wannan mafarkin. Ita ce mataki na huɗu a ƙasar tun da aka ƙirƙiro Liga 3 a 2021. Ba a nuna mu a gidan kallon ƙwallon unguwa. Abokan wasana Turawa da rana wani birkila ne, wani yana aiki a kanti, wani ɗalibi, shi ya sa sai da yamma muke tirenin.

Ka ƙirga min kulob ɗin da na bi. Biyu a gida a rukuni na biyu, inda muke kwana a bas zuwa Jalingo a biyo mu bashin albashi. Biyu a Sudan, har yaƙi ya ɓarke a watan Afrilun 2023 cikin azumi, gasa ta tsaya, na dawo muku da jaka ɗaya. Uku a nan cikin shekara ɗaya da rabi. Bakwai ke nan, kuma bana nake cika shekara 30. Rayuwar mai lamba tara, wato ɗan wasan gaba, ke nan a ƙananan kulob. In kana ci, ana yi da kai. Ka yi wasa biyar raga ba ta motsa ba, sai ka ga an kawo wani yaro an ba shi rigarka, kai kuma ka koma benci. Kwantiragin wata tara ne ko goma, daga an rufe gasa sai a karɓe makullin ɗaki. Kulob na biyu da na yi a nan, gwiwata ta ɗan motsa, suka riƙe min kuɗin wata uku, har yau shiru. Wannan ne lokacin da kuka ji ni ɗif ba aike, na ce muku matsalar banki ce. Ka yafe min.

Amma kar ka ɗauka wahala nake sha. Ina cikin rufin asiri. Kulob ɗin da nake yanzu mutanen kirki ne, suna biya a kan lokaci, sun ba mu gida mu huɗu, biyu daga ciki Fulanin Gini Bisau ne, tare muke salla. Bana ƙwallo takwas na ci, ni ne kan gaba a kulob. Da ma ka ga ta ranar Lahadi! Ana ruwa kamar da bakin ƙwarya, muna kunnen doki, saura minti uku a tashi aka samu bugun kwana. Difendan da ke riƙe da ni ya fi ni tsawo, sai na yi kamar zan ja baya, na kutsa ta gabansa na sa mata kai, ta daki ƙasa ta shige ta ƙarƙashin hannun gola. 'Yan kallo ba su fi ɗari uku ba, amma sai ka rantse Ƙofar Mata ce ranar wasan Pillars. Na yi sujada a cikin taɓo. Wata tsohuwa mai wanke mana riguna ta kama fuskata da hannu biyu tana kuka. Da ƙafata nake ciyar da gida, Yaya, ban taɓa roƙon kowa ba, ban taɓa abin kunya ba.

Abin da ba na so Inna ta ji shi ne wannan. Abin da kulob ke ba ni bai kai mafi ƙarancin albashin ƙasar ba, wanda aka mayar Yuro 870 a watan Janairun 2025. Kuɗin da na turo, rabinsa daga gonar zaitun ya fito. Daga Nuwamba zuwa yanzu lokacin girbinsa ne a yankin nan, sai in fita da asuba, a shimfiɗa raga a ƙarƙashin bishiya, a kaɗa rassan da wani inji mai girgiza, mu tattara mu zuba a buhu. Sanyi yakan sa yatsuna su ƙi lanƙwasuwa, amma in rana ta ɗaga sai su saki. Ba wani abu ba ne, noma ne, mun gada. Na faɗa maka ne kawai don ka san abin da za a sayar da fadama a saya.

Ka zaunar da Auta. Ban ce ya bar ƙwallo ba, na ga bidiyon da ya turo, ƙafarsa ta hagu ta fi tawa. Amma shekararsa 17, kuma dokar FIFA ta hana a kai ɗan wasan da bai kai 18 ba wata ƙasa, sai a wasu 'yan yanayi da ba su shafe shi ba. Duk ejan da bai faɗa muku wannan ba, ba ejan ba ne. A tambaye shi lasisinsa na FIFA. A tambaye shi takardar gayyata daga kulob, ku ɗauki hotonta ku turo min, ni zan kira kulob ɗin da kaina in ji. Lokacin da na zo nan, kulob ne ya aiko takarda ya biya tikitin jirgi, ban ba kowa ko naira ba. Sannan tun watan Yunin 2024 gwamnatin nan ta rufe ƙofar da mutum zai shigo da bizar ziyara, ya samu aiki, daga baya ya nemi takardar zama. In ya shigo haka, ɓuya zai yi ta yi. Ni da na shigo kafin nan ma har yau katin zamana nake jira, shi ya sa ban zo babbar salla ba.

Ya tsaya ya gama sakandare. Ya buga gasar matasa ta Ramat, ya nemi kulob a gida. Ahmed Musa sai da ya ci wa Pillars ƙwallo 18 a kaka ɗaya kafin ya tafi Holan a 2010. In ya yi fushi da ni, ya yi. Zan aiko masa da takalmin ƙwallo in na samu mai zuwa.

Kasuwar 'yan wasa a buɗe take a watan nan, kuma wani kulob da ke kusa da Porto ya yi min magana, za su ɗan ƙara wani abu. Ban amsa ba tukuna. Doka ba ta bari a buga wa fiye da kulob biyu a kaka ɗaya, in na koma bai yi daɗi ba, na maƙale ke nan har ƙarshen gasa. Ka sa Inna ta yi min addu'ar zaɓin alheri, amma ka ce mata kawai ci gaba ne ya zo.

Ina ƙara tuna maka: maganin Inna da hannunka, kuɗin makaranta ga maman yara, sauran a sayi kayan azumi. Takardun fadama ka ɗauke su daga ɗakin Inna ka kai wa Kawu ya ajiye. Ina da gado a cikinta kamar kowa, kuma ban yarda ba. In mai sayen ya dawo, ka ce ɗan'uwanmu na waje bai sa hannu ba.

Ka gaida Inna da kyau, ka gaida Kawu da Gwaggo da su Malam na masallaci. Ka shafa min kan yara. Da kuɗin sun shigo ka yi min filashin, zan kira bayan isha'i.

Ƙaninka.