Gaisuwar Sallah daga Landan

Inna da Baba,

Assalamu alaikum. Barkanmu da Sallah, Allah ya karɓi ibadunmu, ya maimaita mana. Ina gaida Yaya da iyalinta, da Auta.

Da muka sauko daga idi na kasa zama a ɗaki, sai na gangara Putney, bakin kogin Thames, inda ɗaliban Oxford da na Cambridge ke fara tseren kwalekwale duk shekara. Tun 1829 suke wannan gasa, kusan kilomita 7 zuwa Mortlake. Ina tsaye sai Rigatar Yawuri ta faɗo mini a rai, da ranar da Baba ya ɗora ni a wuya don in hango masu tuƙi.

Tseren Oxford da Cambridge ɗin ne wani mai suna Birt Acres ya ɗauka a fim ranar 30 ga Maris, 1895, yana cikin finafinan farko na ƙasar nan, ba murya ba launi. Amma waɗanda suka fi taɓa ni su ne na Mitchell da Kenyon, mutanen Blackburn. Su talakawa suke ɗauka: ma'aikata na fitowa daga masaƙa, iyalai na shan iska a bakin teku, sannan a nuna musu kansu a wurin wasa su biya su kalla. An manta da finafinan a cikin gangunan ƙarfe a ƙarƙashin wani shago, sai a 1994 aka gano su, kusan 800.

Inna, akwai yaran da suke kutsowa gaban na'ura suna kaɗa huluna, bakinsu na motsi amma ba ka jin komai. Duk sun rasu tuntuni, ga dariyarsu nan. Wallahi sai da na share hawaye, don na tuna ba mu da hoton Kaka mai motsi ko na daƙiƙa ɗaya.

Saboda haka Auta, ga aikinka. Hawan Sallah kowa zai ɗauka, bar musu. Ka ɗauko mini Inna tana kwashe tuwo, da Baba a kan tabarmarsa yana raba wa yara goron Sallah. Da yamma ka je bakin ruwa ka ɗauki masunta suna dawowa. Kada ka ce kowa ya gyara zama.

Na turo ɗan abin Sallah ta hannun Yaya. A saka ni a addu'a.

Ɗanku