Faifan ne ya cuce mu, mutumina

Salamu alaikum mutumina,

Ya Legas, ya zafi? Mu nan Jos sanyi ya sauko da ƙarfinsa, ruwan alwalar asuba ma sai an ɗumama. Tun bikin ƙanwarka ban ji ɗuriyarka ba, ko kuɗi ne suka zo aka manta da talakawa?

Ka tuna Constantine ɗin nan na Keanu Reeves, na 2005, wanda muka kalla a ɗakinku na Gangare a faifan nan mai fim ashirin? Kai ne ka yi ta mita wai duhu ne kawai babu komai a ciki. To wallahi faifan ne ya cuce mu. Maƙwabcina ya dawo daga tafiya da faifan Blu-ray na asali, muka saka a filasmarsa, sai ka ce wani fim ne daban. Wurin da Keanu yake tsoma ƙafafu a ruwa yana riƙe da mage ya leƙa jahannama, mu da can jan hayaƙi kawai muka gani, ashe Los Angeles ce ta ƙone ƙurmus, ga motoci sun rugurguje a kan titi, iska na kwasar toka, aljanun kuma rabin kansu a yanke babu ƙwaƙwalwa, har na ɗan janye ƙafata daga ƙasa.

Lissafin a fili yake, DVD giga 4.7 yake ɗauka, ka cusa fim ashirin a ciki me zai rage? Blu-ray kuwa giga 25 ne ko 50 na fim ɗaya tal. Kuma idan aka matse fim wurin duhu ne yake fara lalacewa, baƙin ya farfashe ya koma ƙananan akwatuna, shi ko wannan rabinsa dare ne. Na masu turi a waya ma haka yake.

Af, mai shayinmu ya ƙara aure, yanzu burodinsa ya ƙanƙance, mu muke biyan lefen.

Sai dai fa tsabtar hoton ta tona asiri, aljanin nan na ƙwari da ya tare shi a titi kana gani ka san aikin kwamfuta ne. Sauti ma matsala, magana ƙasa-ƙasa, ka ƙara murya sai bindiga ta tashi, har uwargidan maƙwabcin ta leƙo tana faɗa mun tashi yara. Labarin kuwa shirme ne ta fuskar addini, mace suka sa a matsayin mala'ika, astagfirullah muka yi ta yi. Amma Peter Stormare da ya fito a Shaiɗan, farar kwat, ba takalmi, baƙin kwalta na ɗiga daga ƙafarsa, shi ya cinye fim ɗin duk da a ƙarshe kaɗai ya fito.

Kar ka kuskura ka kalla a wayarka mai fasasshen gilashi, ka bari sai ka zo Sallah. Ka taho min da cajar da ka ara.

A gaida madam da yara.

Naka na kullum.