Koke Kan Harshen Ojibwe a Makarantun Mille Lacs

Zuwa ga Shugaban Zartarwa da 'Yan Majalisar Al'ummar Ojibwe ta Mille Lacs, jihar Minesota, Amurka
Ta hannun Kwamishinan Ilimi

Ranku ya daɗe, Boozhoo, wato sannunku.

Bayan gaisuwa da fatan alheri, mu iyaye da kakannin yara daga Vineland da Isle da East Lake da Lake Lena, garuruwan gundumominmu uku, ne muka haɗa baki muka rubuto muku. Ba ƙarar kowa muka kawo ba. Abin da ke tafe da mu shi ne harshenmu na Ojibwe, 'yan asalin wannan ƙasa, wato Ojibwemowin, wanda ya rage a bakin tsirarun dattawa, su kuwa kullum raguwa suke yi.

Ga abin da ido ya gani. A ƙarshen watan Agusta, lokacin girbin manoomin, shinkafarmu ta tafki, wata kaka a cikinmu ta shiga kwalekwale da jikanta. Kafin su motsa ta zuba asemaa a ruwa, tabar da muke fara kowane roƙo da ita, ta yi addu'a. Yaron ya sunkuyar da kai don ya san addu'a ake yi, amma kalma ɗaya ya kama, miigwech, wato na gode. Da suka shiga cikin shinkafar, shi yana tura jirgin da doguwar sanda, ita tana lanƙwaso kan da sanda ɗaya tana kaɗe ƙwayar da ɗayar, ta ce masa ya karkata hagu. Ya tsaya yana kallonta, sai da ta maimaita da Turanci. Yaron nan ba dolo ba ne. Ya iya ƙirga da Ojibwe, ya san sunan launuka da na dabbobi, amma ba zai iya hira da kakarsa ba. Ta koma gida da buhu cike, zuciya ba daɗi.

Kun san yadda aka yi muka zo nan. An kwashi kakanninmu zuwa makarantun kwana irin ta Pipestone, inda ake hukunta yaro idan ya yi yaren uwarsa. Da yawa da suka dawo suka ƙi koya wa 'ya'yansu, don kada su sha irin wuyar. A 1975 ɗalibanmu suka fice daga sakandaren Onamia saboda wariya, daga nan aka kafa makarantar Nay Ah Shing. A lokacin ba mu da kuɗi, amma kusan kowane gida akwai mai jin yaren.

Yau abin ya juya. Tun da aka buɗe gidan caca na Grand Casino Mille Lacs a 1991 da na Hinckley a 1992, al'umma ta samu abin hannu. Ko a cikinmu ba kowa ke son sana'ar caca ba, amma ba mai musun cewa da kuɗinta aka gina ajujuwa da asibiti da gidaje da hanyoyi. Mun kuma yaba da littattafan da aka buga daga bakin dattawa, da darussan Rosetta Stone, manhajar koyon harshe a waya, da aka fara fitarwa a 2022. Aiki ne babba. Sai dai yaro ɗan shekara uku ba a waya yake koyon magana ba, a cinyar mai magana yake koyo, ana yi masa faɗa da yaren, ana rarrashinsa da shi, ana aikensa da shi.

Don haka muke roƙon Majalisa ta ware wani kaso tsayayye na ribar kamfanonin al'umma domin harshe, a sa shi cikin doka yadda canjin shugabanci ba zai taɓa shi ba. Dokar tarayya ta 1988 kan caca a yankunanmu ta amince a kashe irin wannan riba kan ayyukan gwamnati da jin daɗin jama'a, hurumin rabon kuɗi kuma na Majalisa ne. Da wannan kaso muna so a samu, a kowace gunduma, aji na 'yan ƙasa da shekara biyar inda ba a jin komai sai Ojibwe daga safe har a tashi, ajin kuma ya riƙa hawa da yaran shekara bayan shekara. 'Yan'uwanmu na Lac Courte Oreilles a Wiskonsin suna yin haka a makarantar Waadookodaading, har lissafi da kimiyya da yaren suke koyarwa. A tura malamanmu su zauna da su.

Batun dattawa shi ya fi gaggawa. A ba su albashi na mutunci kamar kowane ƙwararre, a tanadi motar da za ta ɗauko su, domin tsohuwa 'yar shekara tamanin ba za ta yi tuƙi a kan ƙanƙarar watan Janairu ba. A haɗa kowannensu da matashi biyu ko uku da za a biya su lazimce shi, su ne malaman gobe. Yaran East Lake da Lake Lena kada nisa ya sa a bar su a baya.

Muna roƙon a sa mana ranar zama kafin a kammala kasafin kuɗi na gaba. Za mu zo da asemaa, mu zo da dattawan da ke da ƙarfin fitowa, su yi muku bayani da bakinsu.

Miigwech.

Naku,
Iyaye da kakannin yara na gundumomi uku