Rahoton Ayyukan Shekara ga 'Yan Ƙungiyar Masu Filaye da Gonaki

Assalamu alaikum. Iyayenmu, malamanmu da sauran 'yan uwa, muna farawa da godiya ga Allah da Ya nuna mana ƙarshen wannan shekara. Waɗanda suka riga mu gidan gaskiya cikin membobi, Allah Ya jiƙansu, Ya ba iyalansu haƙuri.

Yawancin aikin bana ya tafi ne a kan ƙorafin fayil, wato takardun fili da ke ofishin filaye na gwamnati. Garin Katsina yana ta faɗaɗa ta wajen Batagarawa da hanyar Dutsin-ma da ta Daura, gonakin da aka gada kaka da kakanni sun koma fuloti, kuma duk inda fili ya yi daraja sai rikicin takarda ya biyo baya. Wani ya tarar da sunan baƙo a lambar fulotinsa, wani a ce masa fayil ya ɓata, wani kuma ya kai kuka a yi ta ce masa "ka dawo mako mai zuwa" har damina ta wuce.

Shari'ar da ta fi cin lokacin kwamiti ita ce ta wata baiwar Allah da mijinta ya rasu ya bar mata marayu da fuloti ɗaya. Da magada suka je canja suna, sai suka iske an soke haƙƙin filin an ba wani. Ta rubuta ƙorafi. Jami'in da ya sa hannu a sokewar shi ne kuma ya zauna ya duba ƙorafin, bai kira ta ba, ya rufe magana da layi biyu ba tare da faɗin dalili ba. Lauyanmu ya kai maganar Babbar Kotun Jiha, domin sashe na 39 na Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ita ya ba hurumin shari'ar filin da gwamna ya bayar. Abin da alƙali ya yi ta tambaya shi ne: ina sanarwar da aka ba ta? Wa ya karɓa? Yaushe aka saurare ta? Sashe na 28 ya ce ba a soke haƙƙin fili sai da sa hannun jami'in da gwamna ya wakilta, kuma sai an sanar da mai shi, sashe na 44 ya bayyana yadda ake isar da sanarwar. Sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 kuwa ya ba kowa haƙƙin a ji ta bakinsa. Da aka buɗe fayil a gaban kotu, babu sanarwa, babu shaidar an saurare ta. Kotu ta rushe hukuncin, ta ce a sake sauraron ƙorafin daga farko.

Wasu membobi sun yi gunaguni, suna cewa me ya hana alƙali ya miƙa mata filin kawai. Ya kamata mu fahimci wannan sosai. A irin wannan ƙara, kotu tana duba hanyar da jami'i ya bi ne, ko ya tsaya cikin ikonsa, ko ya saurari kowane ɓangare. Tabbatar da wane ne mai fili wata shari'a ce daban mai buƙatar shaidu da takardu. A ganinmu abin da aka samu babba ne, domin yanzu za a ji ta bakinta, kuma ba wanda ya soke ne zai yi alƙalanci ba.

Inda muka yi asara shi ne wurin masu ƙorafin baka. Wani dattijo ya yi watanni yana zirga-zirga, ba shi da ko takarda ɗaya mai hatimin karɓa. Lokacin da ya zo mana wa'adin shigar da ƙara ya wuce, kuma wa'adin gajere ne. Abin ya yi mana ciwo ƙwarai. Shi ya sa muka tanadi mai rubuta wa membobi ƙorafi kyauta, kofi biyu, a buga hatimi da kwanan wata a kan namu kafin a baro ofis.

Mun kuma yi zaman wayar da kai tare da masu unguwanni kan rabon gado a kotun shari'ar Musulunci da ajiye rasit, an sasanta rikicin iyaka tsakanin wasu maƙwabta ba tare da zuwa kotu ba. Bayanin shige da ficen kuɗi yana wurin ma'aji, zai karanta a zauren taro. Kuɗin lauya ne ya ɗauki kaso mafi girma.

A shekara mai zuwa muna son kowane memba ya kawo kofin takardunsa, daga takardar ciniki mai sa hannun shaidu har taswirar awo, a ajiye a ofishin ƙungiya. Mata masu takaba da waɗanda ba sa iya fitowa, sakatariyar mata za ta bi su gida ta karɓa. Wanda ake binsa kuɗin wata ya daure ya biya kafin taron gaba.

Wassalam.
Sakatare, a madadin Kwamitin Gudanarwa