Kada ba ɗan uwan kwaɗo ba ne

Malam Edita, assalamu alaikum.

A shirinku na ilimin kimiyya an lissafa kada da kififfiya da guza tare da kwaɗo, wai duk 'yan gida ɗaya ne tunda suna shiga ruwa suna fitowa tudu. Wannan kuskure ne, kuma ɗalibai na sauraro, shi ya sa na ga ya kamata a gyara. In da shiga ruwa da fita ne ma'auni, da dorina ma ta shiga sahu.

Rukunin su kwaɗo, wanda masana ke kira amfibiya, ana gane shi ne da fata da ƙwai da rikiɗa. Fatar kwaɗo ba ta da ɓamɓaroki, tana da damshi, kuma yana numfashi ta cikinta ƙari a kan na huhu. Ba ya shan ruwa da baki. Zama yake yi a wuri mai laima, fatar ƙasan cikinsa ta tsotse. Dalilin ke nan da gishiri ke kashe shi, don yana janye ruwan jikinsa, haka maganin feshin da aka wanke a bakin kududdufi yana ratsa fatar kai tsaye. Kada kuwa fatarsa busasshiya ce mai sulke, ruwa ba ya ratsa ta.

Sai ƙwai. Kada da kififfiya suna fitowa tudu su haƙa rami su saka ƙwai mai ɓawo, ɗan ya ƙyanƙyashe da kamannin uwarsa. Ƙwan kwaɗo ba ɓawo, yauƙi ne kawai ya lulluɓe shi, in ya bar ruwa ya bushe. Duk wanda ya leƙa kududdufi bayan ruwan farko zai gani: kwaɗon gida mai kaushin baya yana zuba nasa a jere kamar zaren carbi, baƙaƙe, sun nannaɗe ciyawa, wasu kwaɗin kuma nasu a dunƙule ko a warwatse bisa ruwa. Abin da ke fitowa kai ne da wutsiya, yana numfashi irin na kifi. Ƙafafun baya ke fara tsirowa, sannan na gaba, huhu ya kankama, jiki ya shanye wutsiyar. In kududdufin ya ƙafe kafin a kai nan, duk sun mutu.

Nau'o'in amfibiya sun haura 8,000, an kasa su gida uku. Mafi girma shi ne Anura, marasa wutsiya, wato kwaɗi, kusan kashi 88 cikin 100. Burduddugin da ake kamawa a fadama a busar a kai kasuwa nan yake, haka ƙaton kwaɗon Goliyat na kogunan Kamaru da Ikwatoriyal Gini, wanda nauyinsa ke iya haura kilo 3. Gida na biyu Caudata, su salamanda, masu wutsiya da ƙafa huɗu. A hoto sai ka rantse ƙadangare ne, amma fatar ta tona asiri. Babu su a Afirka kudu da Sahara, don haka malami ya daina nuna wa yara tsaka yana cewa ita ce. Na uku Gymnophiona, marasa ƙafa, masu kama da ƙatuwar tana, suna zaune cikin jiƙaƙƙiyar ƙasa a dazuzzukan kurmi, har da na Kamaru.

Ba kowa ne ya bi ƙa'idar sak ba. Akwai wani ƙaramin kwaɗo a Dutsen Nimba na ƙasar Gini da ke haihuwar 'ya'ya kai tsaye.

Abu ɗaya da ya dace a faɗa wa masu sauraro: kumburin nan biyu da ke bayan idon kwaɗon gida dafi ne a ciki. Kare in ya cafke shi, bakinsa kan yi kumfa, sai a wanke bakin da ruwa mai yawa, kansa na kallon ƙasa don kada ya haɗiye. Yaron da ya yi wasa da kwaɗon kuma ya wanke hannu kafin ya taɓa ido.

Ina fata a karanta wannan gyara a shiri mai zuwa.

Naku mai sauraro,
daga Zariya