Ga ƙannenmu masu shirin jarrabawar zama lauya: a riƙe biro tun ranar farko

Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka sam mini fili a jaridarka in yi magana da ƙannenmu da suka kammala digirin shari'a, suke Makarantar Horas da Lauyoyi ta Najeriya suna shirin zama jarrabawar da za ta ba su damar tsayawa gaban alƙali a matsayin lauyoyi. Ni lauya ce mai zaman kanta, kuma ofishinmu yana cikin waɗanda ake turo wa ɗalibai domin sanin makamar aiki kafin jarrabawar ƙarshe. Yara ne masu ƙwazo, wasunsu sun fito daga jami'a da sakamakon da kowane uba zai yi alfahari da shi. Abin da ke damuna shi ne, da yawansu irin shirin da suka saba yi wa jarrabawar jami'a shi suke yi wa wannan, alhali abin da ake nema a wurare biyun ya sha bamban.

A jami'a ana tambayarka abin da doka ta ce da dalilin da ya sa ta faɗi haka, sai ka kawo ra'ayoyin masana, ka cika shafi huɗu ko biyar, malami ya ji daɗi. A Makarantar Horas da Lauyoyi labari za a ba ka. Wani ya sayi fili ya biya, bayan shekara biyu wani ya ɓullo da takarda ya ce nasa ne, ga shi ya fara zuba yashi da bulo. Sai a ce: wace kotu za ka nufa, da wace takarda za ka buɗe ƙarar, me za ka nema cikin gaggawa don a dakatar da ginin? Daga nan a ce rubuta takardar. Wanda bai taɓa rubuta ta da hannunsa ba, a nan zai tsaya, ko da ya haddace littafin tun daga bango har bango.

Dalilin kafa makarantar ke nan tun asali. Dokar 1962 ce ta samar da ita, ta fara aiki a Legas a watan Janairun 1963 da ɗalibai takwas, domin wanda ya karanto shari'a ya koyi yadda ake aiki da ita a kotunan ƙasar. Yau hedikwatarta tana Bwari da ke Abuja, kuma darussa biyar ake zama a jarrabawar ƙarshe: shari'ar da ba ta laifi ba, shari'ar laifuka, harkar filaye da kadarori, harkar kamfanoni, sai ɗa'ar aikin lauya da dabarunsa. Duk biyar ɗin aikin hannu ne.

Bari in ba da misali da abin da na gani a kan teburina. Na ba wata ɗaliba fayil na ce ta rubuto mini takardar rantsuwar da za ta goyi bayan buƙatar beli. Ta dawo da rubutu mai tsabta, Turanci ba tuntuɓe. Amma a ciki ta rubuta cewa tsare wanda ake tuhuma ya saɓa wa tsarin mulki, cewa adalci ya wajabta a sake shi, har da roƙon kotu ta tausaya. Na buɗe mata Dokar Shaida ta 2011, sashe na 115, na ce karanta da ƙarfi. Sashen ya hana sanya muhawarar shari'a, ko roƙo, ko yanke hukunci a cikin takardar rantsuwa. Abin da ya faru kawai ake faɗa, kuma idan ji ka yi daga bakin wani, sai ka faɗi sunansa da lokaci da wurin da ya gaya maka. Ta ce mini ta san sashen, har ma ta amsa tambaya a kansa a jami'a. Na yarda da ita. Ta zauna da jan biro ta soke sakin layin da suka karya dokar da kanta, ta mayar da su cikin rubutaccen jawabin lauya inda ya dace su zauna. Takarda ta gaba da ta kawo mini ba ta buƙaci jan biro ba.

Saboda haka shawarata ta farko, kuma ita ce babba: kada rana ta wuce ba ka rubuta takarda ɗaya ba, littafi a rufe. Yau takardar tuhuma, gobe yarjejeniyar sayar da fili, jibi wasiyya ko ƙudurin taron masu hannun jari. Idan ka gama sai ka buɗe samfurin ka gwada, ka ga abin da ka bari. Sunan kotu a sama, lambar ƙara, sunayen ɓangarori da matsayinsu, dokar da aka kawo buƙatar a ƙarƙashinta, kwanan wata, sa hannu, adireshin da za a kai sammaci. Ɗalibai na raina waɗannan, suna ganin aikin akawu ne. To a 2007, a shari'ar Okafor da Nweke, Kotun Ƙoli ta yi watsi da takardun da aka shigar gabanta saboda da sunan kamfanin lauyoyi aka sa hannu, ba da sunan lauyan da ke cikin rajista ba. Ko kallon hujjojin da ke ciki ba a yi ba. Mai maki a jarrabawa da wannan idon yake duba takardarka.

Sai lissafin kwanaki, wanda ban taɓa ganin ɗalibin da ya zo mana da shi a zaune a kansa ba. Wanda aka kama, sashe na 35 na tsarin mulkin 1999 ya ce a kai shi kotu cikin kwana ɗaya idan akwai kotun da ke da hurumi a tazarar kilomita 40, in babu, kwana biyu ko abin da kotu ta ga ya dace. Ɗaukaka ƙara zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara a shari'ar da ba ta laifi ba, kwana 14 ne idan hukuncin tsakiyar shari'a ne, wata uku idan na ƙarshe ne. A shari'ar laifi kuma kwana 90. Ka samu takarda guda ka riƙa tara irin waɗannan wa'adi duk inda ka ci karo da su, kowanne da sashensa a gefe, ka manna ta inda idonka zai riƙa faɗawa kanta. A tambayoyin canki-canka irinsu ne ke raba ɗalibai, domin amsoshin huɗu duk suna kama da gaskiya, kuma lokacin ba ya isar mai dogon tunani.

Akwai wata ɗabi'a da nake so ƙannenmu su yi hattara da ita, wato dogaro da taƙaitattun bayanan da ake gada daga waɗanda suka gabata, ana turawa ta waya daga hannu zuwa hannu. Ban ce ba su da amfani ba. Amma babu wanda ya san shekarar da aka rubuta wasunsu, doka kuwa ba ta tsaya jiran kowa ba. Dokar kamfanoni ta 1990 ta kau, ta 2020 ta maye gurbinta, kuma a ƙarƙashin sabuwar mutum ɗaya tak yana iya kafa kamfani mai zaman kansa, hatimin kamfani ma ya zama ganin dama. Ƙa'idojin ɗa'ar lauyoyi na 2007 an sauya su da na 2023. Wanda ya haddace tsohon bayani zai shiga ɗakin jarrabawa da ƙwarin gwiwa ya rubuta abin da aka riga aka soke. Ka mallaki dokokin kansu, ka karanta sashen da idonka, sannan ka duba abin da taƙaitawar ta ce.

A darasin shari'ar laifuka, abin da za ka fara dubawa a labarin da aka ba ka shi ne inda laifin ya faru. Jihohin Arewa da Abuja da kundin Penal Code suke aiki, na Kudu da Criminal Code, Legas kuma tana da nata. Kotunan tarayya da na Abuja suna bin dokar gudanar da shari'ar laifuka ta 2015, jihohi kuwa kowacce da irin tata. Ɗalibi ya iya tsara tuhuma tsaf, amma ya jingina ta da kundin da ba ya aiki a jihar, maki ya tafi. A harkar filaye ma haka: duk inda ka ga an sayar ko an jinginar da filin da ke da takardar mallaka ta gwamna, ka tuna sashe na 22 na Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 da amincewar gwamna, ka tuna abin da ya faru a shari'ar Savannah Bank da Ajilo a 1989 da aka rasa wannan amincewar.

Darasin ɗa'a shi ne wanda ake barin sa sai ƙarshe, wai ai hankali ne kawai. Wannan yana ba ni takaici. A cikinsa ake koyon cewa kuɗin wanda kake wakilta ba ya haɗuwa da naka a asusu ɗaya, da yadda ake riƙe sirrinsa, da abin da za ka yi idan ya nemi ka ɓoye wa kotu gaskiya. A cikinsa ake rubuta wasiƙar neman biyan bashi da takardar kuɗin aiki. Yana kayar da mutane kamar sauran, kuma bayan an rantsar da kai, shi ne darasin da sakaci da shi ke iya sa a cire sunanka daga rajista.

Ba mu kaɗai ke gwada ɗalibai ta wannan hanya ba. A mafi yawan jihohin Amurka an daɗe ana zama tambayoyin canki-canka 200 a yini guda, ga kuma wani ɓangare da ake miƙa wa ɗalibi fayil na gwaji a ce ya yi aikin lauya a kansa. A Ingila sabon tsarin da aka fara a 2021 ya zo da tambayoyi 360 a matakin farko, mataki na biyu kuma a sa ka tattauna da mai neman shawara, ka yi jawabi, ka tsara takarda. Ko'ina agogo yana cikin abin da ake gwadawa. Don haka idan ka ɗauki tsoffin tambayoyi, ka saita lokaci, ka ajiye biro idan ya cika ko ba ka gama ba, sannan ka ba abokin karatunka ya duba maka ba sani ba sabo. Ku tattauna da Hausa in ta fi zaunar muku da magana, amma amsar a rubuta ta da Turancin da za a rubuta ranar jarrabawa. Kuma a yi barci. Kwana a zaune a makon ƙarshe ba ya gyara abin da aka bari tun watannin farko, sai dai ya sa hannu rawa.

Iyaye da mazaje da matan waɗannan ɗalibai, ku yi haƙuri da su na wannan shekara. Idan an turo su gida lokacin sanin makamar aiki, ba hutu suka zo ba.

Maganata ta ƙarshe ga abokan aikina ce, manya da tsarana. Ɗalibin da aka turo ofishinka makonni kaɗan gare shi, kuma wataƙila su ne kaɗai damarsa ta taɓa fayil na gaske kafin jarrabawa. Na sha jin ɗalibai suna cewa sun ƙare zamansu a wasu ofisoshin suna ɗaukar jaka da zuwa kwafar takardu, a ƙarshe a sa musu hannu a littafin rahoto su tafi. Don Allah mu ba su aiki. Ka miƙa masa fayil ka ce ya tsaro maka buƙatar, ko da ka san sai ka sake rubuta ta da kanka. Ka tafi da shi rajistar kotu ya ga yadda ake shigar da takarda da yadda ake kai sammaci. Idan kun fito daga zaman kotu, ka tambaye shi dalilin da ya sa alƙali ya ƙi karɓar waccan takardar a matsayin shaida, ka saurari amsarsa, ka gyara masa. Minti goma sha biyar a rana ya isa.

Na gode, Edita. Allah ya ba ƙannenmu sa'a.

Wata lauya mai zaman kanta