Wasiƙa Zuwa Ga Ummi: Je Ki Zauna Da Su Tukuna

Assalamu alaikum Ummi,

Bayan gaisuwa da fatan kina lafiya, ya karatu? Wasan kwaikwayon da kika turo ta WhatsApp na sa ƙanenki ya buga mini a takarda, na karance shi tsaf. Hausarki ta yi daɗi, babu ja. Amma matan nan naki na sansanin 'yan gudun hijira duk bakinsu ɗaya: kowacce ta buɗe baki sai kuka da wa'azi. Babu mai tsegumi, babu mai bin wata bashin gishiri, babu mai dariya. Daga ji ba ki taɓa zama da su ba.

Bari in ba ki labarin Lynn Nottage, baƙar fata 'yar Amurka, haifaffiyar unguwar Brooklyn ta New York a 1964. Ita ce mace ta farko da ta ci babbar kyautar nan ta Amurka, Pulitzer, a fannin wasan kwaikwayo har sau biyu. Da ta gama Jami'ar Brown da makarantar wasan kwaikwayo ta Yale, sai ta jingine dandamali, ta yi shekara huɗu tana aikin hulɗa da 'yan jarida a ƙungiyar Amnesty International. Don haka in aikin ofis ya samu bayan bautar ƙasa, kada ki ce zai kashe miki alƙalami.

A 2004 ta ƙudurta ɗauko wani tsohon wasan Bertolt Brecht na Jamus, labarin wata mata mai cin kasuwa a bayan mayaƙa, ta mayar da shi yaƙin Kwango. Tsari ya riga ya zauna mata a kai. Sai suka tashi ita da darakta Kate Whoriskey suka je Uganda, suka zauna da matan da suka tsere daga gabashin Kwango. Abin da kunnenta ya jiye mata ya fi ƙarfin tsarin da ta zo da shi, ta ajiye Brecht gefe ta sake sabon lale. Nan nake so ki tsaya ki yi tunani, domin marubuta da yawa amsarsu na aljihu suke zuwa tambaya.

Wasan da ya fito shi ne Ruined, wanda aka fara nunawa a Chicago a 2008, ya ci Pulitzer a 2009. Uwar tafiyar ita ce Mama Nadi, mai mashaya a wani garin haƙar ma'adinai. Sojan gwamnati abokin cinikinta ne, ɗan tawaye ma haka, sharaɗinta kawai kowa ya ajiye harsashinsa kafin ya zauna. Tana ba 'yan matan da aka yi wa fyaɗe, dangi kuma suka kore su, abinci da wurin kwana. Da jikinsu kuma take neman kuɗi. Ki ce muguwa ce, ki ce mai ceto ce, duk kin yi gaskiya. Kuma a tsakiyar wannan bala'i ana kiɗa, ana waƙa, ana zolayar juna. Mai zaune a ɗaki ba zai ƙago mace irin wannan ba.

Nottage ta sake yin haka a gida Amurka. A 2011 alƙaluman ƙidaya suka nuna Reading ta jihar Pennsylvania ta fi duk biranen Amurka masu girmanta talauci. Ta shafe sama da shekara biyu tana kai da komo can, tana hira da ma'aikatan ƙarfe da kamfani ya rufe wa ƙofa. Daga nan wasanta Sweat ya fito: aminai biyu a masana'anta ɗaya, fara da baƙa, aka ƙara wa baƙar girma, aka kwashe injuna zuwa Meziko, zumuncin shekaru ya tarwatse. Mu da muka ga mutuwar masaƙun Kakuri a Kaduna ba sai an yi mana fassara ba. An buɗe shi a New York ana saura 'yan kwanaki zaɓen 2016, ya ci Pulitzer a 2017. A shekarar ta koma Reading ta shirya nuni da mutanen garin a tsohuwar tashar jirgin ƙasa. Ba ta ci moriyar ganga ta yar da kwaurenta ba.

To, idan an yi hutu ki wuce wurin gwaggonki, ki riƙa bin ta ranakun da take zuwa awon ciki a sansanin. Ki nemi izinin shugabar mata. Kada ki shiga da takardar tambayoyi kamar mai ƙidaya. Ki kama musu tsintar shinkafa, ki riƙe wa wata goyo, magana za ta zo da kanta. Kada ki naɗi muryar kowa sai ta yarda, ki sauya sunaye, wadda ta yi shiru kuma ki ƙyale ta da shirunta. Ban yarda ki fita wajen gari ba, kuma kafin magariba ki kasance a gida.

Zan turo kuɗin mota ƙarshen wata. Mamanki na gaishe ki, ta ce ki taho mata da robobinta na yaji. Allah ya yi miki albarka.

Naki,
Abba